Zuciyar Rago da Ƙwayoyin da Ba Tsoka Ba

Aikina a ɗakin gwaji shi ne shirya gilasan da ɗaliban likitanci ke leƙawa a maikuroskof. Ni nake yanka naman, in rina, in rufe, in jera a akwati kafin su shigo. A zangon da ya wuce aka ƙara mini da zama da wani rukuni na 'yan aji biyu, in bi da su darasin zuciya a aikace. Gilasan da muke da su sun tsufa, launinsu ya kwanta, amma ba wannan ne ya sa na ɗaura aniyar yin sababbi ba. Wata kalma ce a takardar darasinsu, nonmayosait. An cika shafuka da bayanin tsokar zuciya, ita kuwa layi guda aka ba ta a can ƙasa, wai "sauran ƙwayoyin halittar zuciya waɗanda ba na tsoka ba." Na tambaye su su wane ne sauran, kowa ya sunkuyar da kai. Wata ɗaliba ta ce, "Malam, ai ba a cika kawo shi a jarrabawa ba."

Mayosait ƙwayar halittar tsoka ce. Ta zuciya sunanta kadiyomayosait, ita ce mai matsewa ta saki, jini ya zagaya. Nonmayosait kuwa duk wata ƙwaya ce da ke zaune a zuciya wadda ba ita ba. Sunan bai gaya maka ko wace ce ba, ya dai cire ta daga sahun masu bugawa. A ƙarƙashinsa akwai ƙwayoyin endotiliyal da suka shimfiɗe cikin kowace hanyar jini, da faiburobulas masu saƙa zaren kolajin, da perisait masu rungume da siraran hanyoyin jini, da makurofej da 'yan uwansu na garkuwar jiki, da ƙwayoyin kitse, da na jijiyoyin saƙo, da na tantanin da ya lulluɓe zuciyar ta waje. Asalinsu daban, aikinsu daban. Na san in na karanto musu wannan jerin za su haddace su manta kafin la'asar. Gani ya kori ji.

Sai na yi sammako zuwa abatuwa ta Fagge, da 'yar kula mai ƙanƙara da kwalbar fomalin, ruwan maganin da ke hana nama lalacewa. Dattijon mahaucin da na tsaya wurinsa ya dubi kwalbar ya ce, "Malam, ta ci kake so ko ta makaranta?" Na ce, "Ta makaranta, Baba, amma wadda aka ciro yanzu-yanzu, kuma don Allah kada a tsaga ta." Su al'adarsu su tsaga zuciya su zubar da gudan jinin, ni kuwa ina son ɗakunan nan huɗu da bawul-bawul ɗinsu, wato ƙofofin da ke hana jini komawa baya, a yadda Allah ya yi su. Ya ciro mini ta rago da ɗuminta. Muna cikin ciniki ya ɗauko zuciyar bijimi ya danna mini yatsa a gindin babbar jijiya, na ji tauri. Ƙashi ne sosai, kuma litattafan likitan dabbobi sun san da shi a zuciyar shanu. Shi bai taɓa jin kalmar nonmayosait ba, amma hannunsa ya daɗe da sanin cewa zuciya ba zallar tsoka ba ce.

Gaggawar tana da dalili. Da zarar jini ya daina gudana nama yake fara narkar da kansa, zafin Kano kuma ba ya jira. Tun a can na yanko ƙananan gutsattsari masu kaurin da bai wuce milimita 5 ba: daga bangon ɗakin ƙasa na hagu, daga ɗakin sama, daga wata igiyar nama da ta ratsa ɗakin ƙasa na dama, sai kuma ganyen bawul ɗaya. Na jefa su cikin fomalin mai ƙarfin kashi 10 cikin 100, ruwan ya ninka naman aƙalla sau 10. Wanda ya yi rowar fomalin zai ga gefen nama ya kamu, tsakiya ta lalace. Bayan sun kwana a ciki sai a bi da su ta alkohol daga mai rauni zuwa zalla don a janye ruwa, sai zailin, sai narkakken kakin farafin mai zafin wajen digiri 60. Idan ya daskare a ɗora a maikurotom a fere shi siriri, maikuron 5, wato kashi 5 cikin 1,000 na milimita guda. A bazara kakin yana laushi ya riƙa naɗewa a bakin wuƙa, shi ya sa nake kwantar da shi kan ƙanƙara in yi yankan da sassafe. A hunturu kuma ƙura ce abokiyar gaba. Ɗigon ƙura da ya sauka kan gilashi kafin a rufe shi yana iya yi wa sabon ido kama da cibiyar ƙwaya.

Rinin farko shi ne wanda kowa ya sani, himatoksilin da iyosin. Na farko yana kama cibiyar ƙwaya, wato niyukiliyas, ya mai da ita shuɗi mai duhu, na biyu ya ba jikin ƙwayar ruwan hoda. Da ƙaramin ido na maikuroskof ba ka ganin komai sai tsoka, zara-zara masu rassa, sun cika fili. Nan ɗalibi yake gamsuwa cewa takardarsa ta yi gaskiya da ta ba sauran layi ɗaya. Na ce su juya zuwa ido mai girmamawa sau 40, su bar ruwan hodar, su bi shuɗin kawai.

Cibiyar ƙwayar tsoka babba ce, a tsakiyar ƙwayar take, launinta da ɗan haske, sau da yawa da ɗan fili kewaye da ita. Amma a tsakanin zara-zaran, a kowane lungu, ga wasu cibiyoyi ƙanana masu duhu, wasu sirara dogaye, wasu a lanƙwashe sun zagaye ɗan rami da jajayen ƙwayoyin jini a ciki. Na raba ɗaliban biyu-biyu, ɗaya yana leƙawa yana faɗa, ɗaya yana jan layi a takarda. Ba a jima ba ɗakin ya yi tsit. A kowace takarda layukan ƙananan cibiyoyin sun zarce na manyan, nesa ba kusa ba. Wani ɗalibi ya ɗago ya ce, "Malam, to ina suke ɓoye ɗazu?" Girma ne ya rufe su. Ƙwayar tsokar zuciya tana kai wajen maikuron 100 a tsawo, saboda haka ita ta cinye kashi 70 zuwa 85 cikin 100 na jikin naman, alhali a ƙidayar kawuna wajen ɗaya bisa uku ce. Tun binciken da aka yi kan ɓerayen gwaji a shekarun 1970 da 1980 aka san haka.

A gilashin igiyar ɗakin dama ne ma'anar kalmar ta fito fili. Ƙarƙashin shimfiɗar ciki akwai wasu manyan ƙwayoyi farare-farare, kumburarru, ba su yi kama da maƙwabtansu ba ko kaɗan. Nan take aka ce, "Malam, ga nonmayosait!" A'a. Zaren Purkinje ne, wanda masanin ƙasar Cek Jan Evangelista Purkinje ya bayyana a 1839, shi ma a zuciyar tumaki ya gan su. Ƙwayoyin tsoka ne da aka keɓe wa aikin kai saƙon lantarki da sauri. Zaren matsewarsu kaɗan ne, suna cike da ajiyar sukari ta gilaikojin, shi ya sa rinin bai kama su sosai ba. Duk da kamanninsu, mayosait ne. Sannan na matsa da gilashin zuwa wata ƙaramar jijiyar jini da aka yanka a gicciye, na nuna musu zoben da ke bangonta. Wannan zobe tsoka ce ta gaske, santsin tsoka mai tsuke jijiya ta buɗe ta, amma a rubuce-rubucen masu binciken zuciya cikin nonmayosait ake lissafa ta. A wannan fage, in an ce mayosait, tsokar zuciya kaɗai ake nufi. Shi ya sa wasu marubuta suka fi son doguwar kalmar, nonkadiyomayosait, kuma ni ma ina ganin ta fi tsare gaskiya.

Ƙidayar tamu na gaya musu iyakarta tun ba su ɗauke ta da nauyin da ba ta da shi ba. Cibiyoyi muka ƙirga, ba ƙwayoyi ba. Ƙwayar tsokar zuciya ɗaya tana iya ɗaukar cibiya biyu: a ƙaramin ɓeran gwaji mafi yawansu haka suke, a ɗan Adam kuwa wajen ɗaya bisa huɗu. Ga kuma batun yanka. Idan ka fere maikuron 5 daga ƙwaya mai tsawon 100, sau da yawa wuƙar za ta wuce ba ta taɓa cibiyar ba, sai ka ga ƙwayar tsoka fayau babu shuɗi a cikinta. Abin da ya fi damuna shi ne na uku. Da wannan rini ba za ka rantse cewa wannan siririyar cibiya ta faiburobulas ce, waccan ta perisait ba. Sai da rinin da ke bin furotin na musamman, irin su CD31 ga endotiliyal ko CD68 ga makurofej, kuma waɗannan kaya ne masu tsada da ke son firji marar yankewar wuta.

Manyan ɗakunan bincike ma sun daɗe suna fama da wannan. Shekaru da dama litattafai suna cewa faiburobulas ne suka fi kowa yawa a zuciya. Har a ɗakunan da ake renon ƙwayoyin zuciyar jariran ɓeraye a faranti, kalmar nonmayosait ta kusa zama wani suna na faiburobulas, domin su ne ke saurin manne wa faranti, su ne kuma ke hayayyafa su mamaye shi. A 2016 Alexander Pinto da abokan aikinsa suka wallafa sabuwar ƙidaya a mujallar Circulation Research: a zuciyar ƙaramin ɓera, endotiliyal sun haura kashi 60 cikin 100 na nonmayosait, faiburobulas ba su kai 20 ba, ƙwayoyin garkuwar jiki kuma 5 zuwa 10. Wanda ya leƙa gilashi ba zai yi mamaki ba, tunda kusan kowace ƙwayar tsoka tana da siririyar hanyar jini a gefenta. Zuciya ba ta hutawa, ba ta kuma jure rashin iskar oksijin. Sai a 2020 wasu masana daga Ingila da Jamus da Amurka suka fitar a mujallar Nature da nazarin ƙwayoyi da cibiyoyi kusan rabin miliyan daga zukatan mutum 14. A wurinsu tsoka ta kai wajen kashi 49 a ɗakunan ƙasa, wajen 30 a ɗakunan sama, endotiliyal kuma suka fito ƙasa ƙwarai da lissafin Pinto. Dabbar daban, ɗakin zuciyar daban, hanyar ƙirgar daban. Tun daga nan, duk rahoton da ɗalibi ya kawo mini da kalmar nonmayosait a ciki, sai ya rubuta wace dabba, wane ɗaki, wane rini. In ya san sunan ƙwayar ya kira ta da sunanta, in bai sani ba ya rubuta cewa ba a tantance ba.

Rini na biyu shi ne wanda na fi ƙauna, mai launi uku na Masson, wanda ake amfani da shi tun 1929. Yana cin lokaci da haƙuri, amma yana raba gardama: tsoka ja, kolajin shuɗi. A zuciyar ragon, shuɗin siriri ne, ya zagaye hanyoyin jini, ya ratsa tsakanin ƙwayoyin tsoka sama-sama, daidai abin da zai riƙe su kada su zame wa juna idan sun matse. Na je wurin wani babban malaminmu na fannin nazarin cututtuka na ce, "Ranka ya daɗe, ko akwai gilashin koyarwa na zuciyar mai hawan jini?" Ya ara mini guda daga akwatinsa, babu sunan kowa a jiki. Na ajiye maikuroskof biyu kusa da juna. A na ɗan Adam ɗin ƙwayoyin tsokar sun yi kauri, cibiyoyinsu sun zama manya masu kusurwa, shuɗin kuma ya yi kaca-kaca da filin, ya yi wa kowace jijiya ƙawanya mai kauri, ya kutsa tsakanin zara-zaran ya raba su.

Wannan shuɗin aikin faiburobulas ne. Idan zuciya ta daɗe tana tura jini a kan matsi mai yawa, sinadarai irin su anjiyotensin da aldostiron suna zaburar da su, su rikiɗe su zama mayofaiburobulas, su yi ta zuba kolajin. Idan kuma jijiya ta toshe wani yanki ya mutu, su ne ke rufe gurbin, ba don su ba bangon zai iya fashewa. Kamar facin da ake yi wa tsohuwar riga da ƙyalle mai tauri ne: ya rufe yagewar, amma wurin ba zai ƙara miƙewa ya dawo yadda sauran ke yi ba. Zuciya mai yawan tabo tana yin tauri, ba ta sakewa ta cika da jini sosai, tabon kuma yana karkatar da saƙon lantarki har bugun ya rikice.

Dalilin da ya sa tabo ke maye gurbin tsoka shi ne tsokar ba ta iya sabunta kanta yadda ya kamata. Olaf Bergmann da Jonas Frisén na cibiyar Karolinska a Suwidin sun auna wannan a 2009 ta wata hanya mai ban sha'awa. Gwaje-gwajen bam ɗin nukiliya da aka yi a sararin sama kafin yarjejeniyar 1963 sun ƙara yawan kabon-14 a iska, ya shiga tsirrai, ya shiga abinci, ya zauna a ƙwayoyin jikin mutane, ya zama kamar shaidar shekarar da aka haifi kowace ƙwaya. Suka gano cewa mai shekara 25 yana sabunta wajen kashi 1 cikin 100 na tsokar zuciyarsa a shekara, mai 75 kuwa ƙasa da rabin haka. Yawancin ƙwayoyin da ke bugawa a ƙirjin dattijo tun yana jariri suke tare da shi. Masu iya hayayyafa da sauya fasalin zuciya su ne waɗancan da aka ba layi ɗaya.

A nan ne abin ya daina zama na jarrabawa a wurina. Binciken THESUS-HF da aka wallafa a 2012, wanda likitan zuciya na nan Kano Farfesa Mahmoud Sani yake cikin marubutansa, ya bi majinyata 1,006 masu gazawar zuciya a ƙasashen Afirka 9. Hawan jini ne sanadin wajen kashi 45 cikin 100, ciwon bawul na rumatik wajen 14, toshewar jijiyoyin zuciya da ta fi addabar Turai kuwa ba ta kai 8 ba. Duk wanda ya taɓa zaman jinya a manyan asibitocin garin nan ya ga masu kumburin ƙafa da haki, waɗanda ba sa iya kwanciya sai an tara musu matasai. Da yawansu zuciyarsu ta biyun nan ce, mai yawan shuɗi. Magungunan da ake ba su ma wani ɓangare na amfaninsu ta nan yake biyowa. Lisinofiril da danginsa suna rage anjiyotensin. Sifironolakton yana tare aldostiron, kuma a gwajin RALES na 1999 ya rage mace-macen masu tsananin gazawar zuciya da kashi 30 cikin 100. Mutumin da ya ajiye maganin hawan jininsa don ya ji garau, ya kamata a samu wanda zai bayyana masa cewa saƙar nan ba ta ciwo, a hankali take tafiya, kuma abin da aka riga aka saƙa ba ya warwarewa da sauƙi.

Makurofej ban iya nuna musu su da tabbaci ba, sai dai na ba su labari. A da ana ɗaukar su masu share datti ne kawai. A 2017 masu bincike a Boston suka nuna a mujallar Cell cewa suna da yawa a mahaɗar lantarkin da ke tsakanin ɗakunan sama da na ƙasa, suna haɗe da ƙwayoyin tsoka ta ƙananan ƙofofi, kuma da aka kawar da su a ɓeraye sai saƙon ya riƙa tsayawa a hanya.

Gilashin ƙarshe shi ne ganyen bawul. Na bar su suka yi ta neman jan tsoka a rinin Masson, ba su samu ba sai ɗan abin da ya leƙo daga gindi. Ganyen kusan duk shuɗi ne, shimfiɗar endotiliyal sama da ƙasa, a tsakiya kuma ƙwayoyi masu kama da faiburobulas suna kula da zaren. Wannan siririn abu yana buɗewa ya rufe wajen sau 100,000 a kwana ɗaya. Shi ne ciwon rumatik ke ci. Yaro ya yi ciwon maƙogwaro na ƙwayar cutar sitireptokokus, ba a ba shi maganin da ya dace ba, bayan 'yan makonni garkuwar jikinsa ta juya kan naman zuciyarsa. Ƙullutun da Bajamushe Ludwig Aschoff ya bayyana a 1904, waɗanda har yau ake gane ciwon da su a maikuroskof, tarin ƙwayoyin garkuwar jiki ne. Kowane dawowar zazzaɓin yana ƙara tabo, ganyen ya yi kauri, gefunansa su manne, bawul ɗin maitiral da ke hagu ya tsuke ko ya riƙa yoyo. Sau da yawa sai yarinya ta girma ta yi aure ta ɗauki ciki, jinin jikinta ya ƙaru, sannan abin ya bayyana da haki da tari. A lokacin tsokar zuciyarta tana iya kasancewa da sauran ƙarfinta, ƙofar ce ta lalace, gyaranta kuma sai tiyata mai tsadar da gidaje kaɗan ne za su iya. Abin da ke tsayar da tabon tun bai kai nan ba shi ne fenisilin: a ba yaro idan maƙogwaronsa ya kamu da wannan cuta, wanda kuma ya riga ya taɓa yin zazzaɓin rumatik a riƙa yi masa allurar benzatin fenisilin duk mako 3 zuwa 4, shekara da shekaru, ba fashi.